Ƙumba A Cikin Dutse: Kwana Biyu A Illela

Daga Sakkwato zuwa Illela tafiyar kilomita 80 da 'yan kai ce. Hanya ta bi ta Kware, ta ratsa Gwadabawa, sa'an nan ta miƙe arewa har bakin iyakar Nijar. Mun tashi da sassafe cikin hunturu, hazo ya rufe gonaki, ba abin da ake gani sai karan gero da jakuna ɗauke da albasa. Mun isa ran Litinin, watau kashegarin kasuwa, gama kasuwar Illela ran Lahadi take ci. Duk da haka kara ba ta watse sarai ba. Akwai sauran shanu da raƙuma, ana ta loda su a manyan motoci masu zuwa kudu.

Muka tsaya kallon wani dillali yana duba bijimi. Ya buɗe bakinsa ya ƙidaya haƙora, ya shafa tozo, ya bi ƙaho da yatsa yana lura da zobban da ke gindinsa. Kowane sashe na jikin dabbar nan yana da suna a bakinsa, kowane suna kuma yana da kuɗi. Wanda bai san sunayen ba, sā ɗaya yake gani kamar kowane sā, shi ne kuwa ake cuta a kasuwa. Masu karatu su riƙe wannan dillali a zuciya, gama za mu komo gare shi.

Mu dai ba saniya muka je saya ba. Wani malamin kimiyya na makarantar sakandare ne ya aiko mana da saƙo, ya ce yaransa suna kawo masa duwatsu masu kama da ƙumba, yana so mu zo mu gani da idonmu.

Bakin rijiya

Malamin ya tarye mu a tasha, ya kai mu bayan gari wajen hanyar Kalmalo, inda wani dattijo da 'ya'yansa suke haƙa rijiya a gefen lambu. Ƙasar da suka fitar tana tsibi tsibi, kowane tsibi da launinsa. Na fari jar marmara ne da tsakuwa. Na biyu laka ce mai laushi. Na uku kuwa farin dutse ne mai garɗi, wanda in ka murza shi yakan bar gari a hannu kamar alli.

Bayan gaisuwa malamin ya ce, "Baba, ga baƙin da na faɗa maka. Ka nuna musu abin nan."

Dattijon ya tsuguna ya tona cikin farin tsibin, ya miƙo mana dutse uku. Na ɗaya ya murɗe kamar katantanwa. Na biyu ya yi kamar ƙosai, da alamar tauraro mai reshe biyar a bayansa. Na uku marfi biyu ne a manne, ɗaya mai zurfi kamar cokali, ɗaya kuma shimfiɗaɗɗe.

Ya ce, "Ɗiyana, in mun ka ishe wanga farin dutse mai ƙumba, mun san ruwa ya yi kusa. In kau an ka huda shi har an ka kai ga baƙar laka ta ƙasa, sai mu tsaya. Haka ubana ya koya mani."

Abin da dattijon nan ya faɗa daidai yake da abin da ke cikin littattafan masana ƙasa. Farin dutsen yana da ramuka da tsaguwa inda ruwan sama yake taruwa, lakar da ke ƙarƙashinsa kuwa ba ta barin ruwa ya wuce. Masana suna kiran farin dutsen da sunan Kalambaina, lakar kuma da sunan Dange, watau sunayen garuruwan da aka fara nazarinsu sosai. Shimfiɗar dutsen ta taso daga wajen Dange, ta bi ta Sakkwato, ta yi arewa ta ƙetare iyaka. Shi ne ake sarrafawa ya zama siminti a Kalambaina tun 1967, shi ne kuma ake haƙa a Malbaza ta Nijar, gabas da Birnin Ƙonni. Duk wanda ya yi daɓe da simintin nan, a kan ragowar ƙumba yake shimfiɗa tabarmarsa.

To, me ya kawo ƙumba a wurin da teku mafi kusa yake nesa da kusan kilomita 800? Amsa ita ce, a dā teku ne ya zo nan da kansa. Tsakanin shekara miliyan 100 da miliyan 50 da suka wuce, wani siririn teku marar zurfi ya riƙa shigowa daga arewa, yana ratsa inda Sahara take yanzu, yana ja da baya, yana sake dawowa. Farin dutsen rijiyar nan ya kwanta a gindinsa wajen shekara miliyan 60 da suka wuce. Dattijon ya ce shi dai a wurin kakanninsa ya ji cewa ragowar ruwan Ɗufana ne. Malamin ya amsa masa da ladabi, ya nuna masa cewa a cikin dutsen akwai ƙumba manya da ƙanana, kowace da layukan girmanta, shimfiɗa bisa shimfiɗa, alamar sun rayu sun hayayyafa a wurin zamani mai tsawo cikin ruwa mai kwanciya. Ba mu tsaya gardama ba. Dukanmu mun yarda a kan abu guda, cewa ruwa mai yawa ya taɓa rufe gonar albasan nan.

Gwangwanin malam

Da la'asar muka zauna a inuwar bedi a makaranta tare da yara wajen goma sha biyu. Dutse na uku, mai marfi biyu, shi ne ya ta da magana. Wani yaro ya ce ya gani a littafi cewa ƙumbar da marfinta ɗaya ya fi ɗaya girma sunanta birakiyofod, saboda haka abin da Baba ya tono birakiyofod ne. Mu ma da fari haka muka zata.

Malamin bai ce i ba, bai ce a'a ba. Ya fito da wani gwangwanin madara, ya zazzage shi a kan benci. A ciki akwai ƙumbar gulbi guda, irin wadda ake samu a Gulbin Rima, wadda tsofaffi kan kankare ƙwarya da ita. Akwai kuma ƙananan duwatsu biyu da malaminsa na jami'a ya ba shi, waɗanda aka kawo daga Maroko. Ɗaya santsi ne, mai kama da ƙwan kurciya. Ɗaya kuwa yana da faɗi kamar tsuntsu ya buɗe fiffike. Ya ce waɗannan biyun su ne birakiyofod na ainihi.

Ya ɗaga mai santsin ya tambaya, "Da me ya yi kama?" Wata yarinya ta ce da fitilar aci-balbal ta kakarta, har da hudar lagwani. Malamin ya yi murna ƙwarai, gama Turawa ma da fitilar mai ta mutanen Roma na dā suka kwatanta shi. Nan take ajin ya raɗa masa suna, ƙumbar-fitila. Da wannan suna za mu kira shi daga nan.

Abu na fari da ya koya musu shi ne yadda ake raba ta biyu daidai. Ya ce ƙumbar gulbi kamar goro take. In ka ɓare goro ta tsagarsa, ɓari biyun nan sukan yi kama da juna. Haka marfin ƙumbar gulbi, ɗaya na dama, ɗaya na hagun, kamar tafin hannu biyu a haɗe. Amma in ka dubi marfi guda shi kaɗai, za ka ga ya karkace, gabansa dabam, bayansa dabam. Ƙumbar-fitila kuwa kamar kwano da marfinsa take. Kwano ya fi marfi girma da zurfi, ba su yi kama ba. Amma in ka ja layi daga tsininta zuwa leɓenta, ta tsakiyar marfi biyun, gefen dama zai yi daidai da gefen hagun, kamar fuskar mutum. Wannan ita ce babbar alama, duk sauran bayanta suke.

Sa'an nan ya bi sassanta ɗaya ɗaya, yara suna taimakonsa neman sunan da ya dace da Hausa.

Babban marfin shi ne marfin ciki, ƙaramin kuwa marfin baya. Kowane marfi yana da tsini, inda ya fara girma tun dabbar tana ƙarama, amma tsinin marfin ciki ya fi fitowa, yakan lanƙwasa kamar bakin aku. A kan tsinin nan hudar take. Ta cikinta wata igiyar nama take fita, ta manne a dutse ko a wata ƙumba a gindin teku. Dabbar takan zauna a ɗaure haka duk ranta, kamar akuya a turke. Hudar nan muka kira ƙofar igiya.

Kusa da tsini akwai mahaɗa, inda marfi biyun suke juyawa kamar ƙyaure. A ciki, marfin ciki yana da haƙori biyu, marfin baya yana da gurbi biyu inda haƙoran suke shiga. Sun kama juna ƙam, har ba a iya raba su sai an karya. Layin da marfi biyun suke haɗuwa a gaba shi ne leɓe. A wata irin leɓen a miƙe yake, a wata kuma yana hawa yana sauka kamar haƙorin zarto.

Ya ɗauko mai fiffiken ya nuna wasu sassa uku. Daga tsini zuwa leɓe akwai layuka masu tudu a jere kamar kunyoyin gona, su ne ke ƙara wa ɓawon ƙarfi. A tsakiyar marfin baya akwai babban doro guda, a tsakiyar marfin ciki kuma akwai kwari guda da ya yi daidai da shi. Doro da kwari suna taimakawa wajen raba ruwan da ke shiga da abinci daga ruwan da ke fita. Akwai kuma wasu layuka da suka gitta kunyoyin, suna kewaya tsini kamar zobba. Su ne layukan girma, kowane ɗaya yana nuna inda leɓe ya taɓa tsayawa, kamar zobban ƙahon bijimin nan na kasuwa.

Abin da ke ciki ba a ganinsa sai dutsen ya fashe, saboda haka malamin ya zana shi a ƙasa da tsinke. Jikin dabbar kansa ƙarami ne, yana can lungu wajen tsini. Sauran ɗakin duk wani abu ne ya cika shi, hannu biyu masu geza mai laushi, waɗanda ke kaɗa ruwa suna tace abinci daga cikinsa. Yara suka ce wannan ai mataci ne. A wasu iri matacin yana da ƙashi na farin dutse da ke tallafe shi, manne a marfin baya. A mai santsin ƙashin kamar madauki yake, a mai fiffiken kuwa ya naɗe kamar gammo biyu. Masanan farkon ƙarni na 19 sun ɗauka da hannuwan nan dabbar take tafiya, shi ya sa suka haɗa kalmomin Girkanci biyu, hannu da ƙafa, suka ce birakiyofod. Sun yi kuskure, amma sunan ya zauna.

Na ƙarshe shi ne tabon tsoka, watau gurbin da tsoka ta bari a cikin marfi. Ƙumbar gulbi tana da tsokar rufewa kaɗai. Abin da ke buɗe ta wata jijiya ce a mahaɗa mai ja kamar roba, shi ya sa da ta mutu sai ta hangame, marfi biyun su rabu. Ƙumbar-fitila kuwa tana da tsokar rufewa da tsokar buɗewa dabam. In ta mutu ba abin da zai buɗe ta, ga haƙora kuma sun riƙe. Domin haka sau da yawa akan same ta a cikin dutse a rufe, marfi biyu tare.

Hukuncin yara

Da ya gama sai ya ajiye dutsen rijiya a tsakiya ya ce su yanke hukunci da kansu. Suka nemi ƙofar igiya a tsini, babu. Suka ja layi ta tsakiya, gefen dama bai yi daidai da na hagun ba, ko'ina a karkace yake. Ɓawon kuma falle falle ne kamar albasa. Wani ya kawo irinsa da ya fashe, aka ga babban tabon tsoka guda ɗaya tak a tsakiyar marfi. Yaron da ya fara magana ya sunkuyar da kai ya ce, "Malam, ba ita ba ce."

Gaskiyarsa. Kawa ce, 'yar'uwar ƙumbar gulbi da ke zama a ruwan gishiri. Tana kwanciya a kan marfi guda, ta manne shi da dutse, shi ya sa na ƙasa yake zurfi, na sama ya zama kamar faifai. Ta ruɗi mutane da yawa kafin yaron nan. Malamin ya ce masa kada ya ji kunya, gama ya lura da abu ɗaya na gaskiya, sai dai alama ɗaya ba ta isa shaida ba.

Mai karatu zai ce, to, mene ne amfanin wannan wahala? Kawa ko ƙumbar-fitila, ba duk dutse ba ne? Amfaninsa shi ne, kowace tana faɗin zamaninta. Ƙumbar-fitila ta bayyana fiye da shekara miliyan 500 da suka wuce, ta cika gindin tekuna na zamani mai tsawo. An san iri fiye da 12,000 a cikin duwatsu. Shekara miliyan 252 da suka wuce aka yi wata babbar halaka da ta share yawancin masu rai na teku, ƙumbar-fitila kuwa ba ta sake komawa yawanta na dā ba. Yau iri wajen 400 suka rage, dukansu a teku, yawanci a wurare masu sanyi ko masu zurfi. Tekun Illela ya zo ne can baya, sa'ad da kawa da katantanwa da bushiyar teku suka riga suka mamaye wurin. Shi ya sa su ne ke cika tsibin Baba. Wanda yake so ya ga ƙumbar-fitila da yawa a ƙasashenmu sai ya nausa arewa maso gabashin Nijar, wajen Jado, inda duwatsun wani teku da ya girmi wannan da kusan shekara miliyan 300 suke a fili. Ashe yaron da ya iya bambanta marfi da marfi ya iya faɗin wane teku ne ya kwana a gonar ubansa, kamar yadda dillali yake faɗin shekarun bijimi daga bakinsa.

Wa zai karanta?

Kashegari mun so mu ƙarasa Dukamaje a ƙasar Gada, gabas da Illela, inda lakar da ta girmi farin dutsen take ɗauke da ƙasusuwan manyan dabbobin teku. Aka ba mu shawara kada mu je, saboda 'yan bindiga da suka addabi ƙauyukan gabashin Sakkwato a shekarun nan. Muka haƙura, muka tafi bakin iyaka muka zauna muna kallon masu babura suna kai da kawowa zuwa Ƙonni.

A nan malamin ya ba mu wani labari da ya tsaya mana a rai. Turawan da suka zo shata wannan iyaka suna cikin na farko da suka kwashi duwatsun nan zuwa Turai. A 1904 wani masani a Landan, F. A. Bather, ya yi rubutu a kan bushiyar teku da aka tsinto a wannan yanki lokacin aikin iyakar. A 1930 W. E. Swinton ya bayyana ƙasusuwan wani babban ƙadangaren teku daga lardin Sakkwato. A 1972 masana daga Italiya suka raɗa wa dabbar suna Goronyosaurus, domin garin Goronyo. A 1975 aka raɗa wa wani kada na dā suna Sokotosuchus. Ɗan Nijeriya Farfesa Cornelius Kogbe shi ma ya yi shekaru yana nazarin duwatsun Sakkwato tun daga shekarun 1970. Sunayen garuruwanmu sun shiga littattafan duniya, amma yaran garuruwan da kansu kaɗan ne suka taɓa ji. An rufe iyakar nan a 2019, an buɗe a 2020, an sake rufewa a 2023, Nijeriya ta buɗe nata gefen a 2024. Farin dutsen kuwa yana nan kwance a ƙarƙashin shingen, daga wannan gefe zuwa wancan, ƙumbar Illela da ta Malbaza 'yan ruwa ɗaya ne.

Abin da ya dami malamin shi ne, kowace rana ana fasa duwatsun nan a yi tsakuwar gini, ana cike ramuka da su. Wannan ba laifi ba ne, dole mutane su yi gini. Amma ƙumbar da ta yi shekara miliyan 60 tana jira, guduma ɗaya ce take gamawa da ita. Masu haƙar rijiya irin Baba kuma suna ƙarewa, injin burtsatse yana niƙe dutse ya fito da shi gari, ba wanda zai ga tsini ko leɓe. In ba a koya wa yara su duba yanzu ba, nan gaba sai su je Landan ko Italiya su tambayi labarin ƙasarsu.

Saboda haka ga roƙonmu ga iyaye da malamai, musamman na ƙasar Sakkwato da Adar. In yaro ya kawo dutse mai siffar ƙumba, kada a ce ya yar. A wanke shi da ruwa da tsohon buroshi. A rubuta a takarda inda aka same shi, da ranar, da zurfin wurin in daga rijiya ne, gama dutsen da ba a san inda ya fito ba ya rasa rabin amfaninsa. Sa'an nan a zauna tare a yi masa tambayoyin nan: marfi nawa ne? Ina tsini? Akwai huda a kansa? Kamar goro yake rabuwa, ko kamar fuska? A ajiye shi a gwangwani, a kai makaranta.

Kafin mu hau mota mun koma yi wa Baba sallama. Rijiyar ta kai ruwa da safiyar nan, 'ya'yansa suna jawo guga na fari, fari fat kamar kunun kanwa. Ya ba mu kawar nan ya ce mu tafi da ita. Muka yi godiya, amma muka miƙa wa yaron da ya yi kuskure jiya, gama ya biyo mu har wurin. Ya karɓa da hannu biyu, ya ciro biro, ya tambayi Baba gaba nawa aka haƙa kafin a same ta.